Wane Sarki Aka Naɗa? Sharhi Kan Taken Gasar Zakarun Turai

Wata ranar Talata da daddare, bayan sallar isha'i, muna zaune a tsakar gida ni da surukata muna ɓare masarar da aka kawo daga gona. Bayan katangarmu akwai gidan kallon ƙwallo, irin wanda yanzu babu unguwar da ba ta da shi a Funtua. Mun saba da ƙarar janaretansu da ihun samari, har ba ma ɗaga kai. To a daren nan sai mai gidan kallon ya ƙure lasifika. Wani kiɗa ya taso a hankali, yana hawa yana hawa, can sai muryoyi suka ɓarke gaba ɗaya kamar an buɗe ƙofar dam.

Iya ta ajiye masarar hannunta ta kasa kunne. Ta ce, "Ke 'yar nan, wane sarki aka naɗa?"

Dariya ta kama ni. Na ce, "Iya, ba sarki ba ne, ƙwallo za a fara."

Ta girgiza kai ta ce, "Ƙwallon lafiya? Ni tun ina budurwa nake ganin hawan salla a Malumfashi. Na san kiɗan fitowar manya in na ji shi. Wannan ba kiɗan wasan yara ba ne."

Na bar maganar a matsayin zancen tsofaffi. Amma ta ƙi barin raina. Da gari ya waye na sa ƙanena ya turo mini kiɗan a waya, na yi ta saurare ina wanke-wanke, ina tuƙa tuwo, na kuma bi diddigin asalinsa. 'Yar'uwa mai karatu, ashe Iya ce mai gaskiya, ni ce mai abin dariya. Abin da babba ya hango yana zaune, yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba.

Na san wata za ta ce, mu mata me ya haɗa mu da kiɗan ƙwallon Turawa? Abin da ya haɗa mu kuwa da yawa. Kiɗan nan yana shigowa ɗakunanmu ta taga kowace Talata da Laraba. Shi ne wanda in maigida ya jiyo zai bar tuwo da zafinsa ya zari takalmi. Shi ne wanda 'ya'yanmu ke rerawa da baki suna buga ƙwallon tsumma a lungu. Baƙon da ya saba da gidanka haka, ai ya kamata ka san ɗan gidan wane ne.

Sunansa dai taken Gasar Zakarun Turai, wadda samarinmu ke kira Champions League. Gasar ta samo asali tun 1955, amma sai a 1992 hukumar ƙwallon ƙafa ta Turai, wato UEFA, ta sake mata suna da fasali. Akwai dalili. A shekarun da suka gabaci wannan, ƙwallon Turai ta yi ƙaurin suna wajen rigima da 'yan ta-kife. A 1985, a filin Heysel da ke birnin Burasal na ƙasar Beljiyam, mutum 39 suka rasa rayukansu a hargitsin da ya tashi kafin wasan ƙarshe tsakanin Liverpool da Juventus. Har sai da aka hana kulob-kulob na Ingila shiga gasannin Turai shekara biyar. Masu kuɗi da masu talla ba sa son kai hajarsu inda ake jifa da kwalabe. Don haka hukumar ta nemi ta wanke wa gasar fuska, ta sa mata babbar riga. Sun kuma ga yadda mutane suka yi sha'awar wasu manyan mawaƙa uku na salon gargajiyar Turai da suka yi wasa a birnin Rum lokacin gasar cin kofin duniya ta 1990. Sai suka ce irin wannan kiɗa na manya suke so.

Suka ba wani Bature ɗan Ingila mai suna Tony Britten kwangila. Kin ji kalmar: kwangila. Kiɗan nan ba daga shauƙi ya fito ba, ba kuma don wani gwarzo ya burge mai shi ba. Oda aka ba shi kamar yadda kike ba tela ɗinkin biki, ki gaya masa launi da tsawo.

Shi kuwa Britten bai yi nisa wajen neman ƙyalle ba. Ya koma kan wani tsohon kiɗa da wani Bajamushe mazaunin Landan mai suna Handel ya tsara a 1727, saboda bikin naɗin Sarkin Ingila George na Biyu. Kiɗan coci ne, kalmominsa an ɗebo su daga Baibul, wurin da aka ba da labarin naɗa Annabi Sulaiman (AS) sarauta. Tun daga lokacin babu sarki ko sarauniyar Ingila da aka ɗora wa kambi ba a yi wannan kiɗa ba, har zuwa naɗin Sarki Charles na Uku a watan Mayun 2023. Britten ya bar kalmomin cocin a inda suke, ya ɗauko salon hawan kiɗan da irin isarsa, ya ɗora nasa a kai. Bai kuma ɓoye ba, ya sha faɗa da bakinsa cewa daga can ya aro. Kin ga ke nan kunnen Iya bai yi ƙarya ba. Tsohuwar da ba ta taɓa wuce Zariya ba ta gane kiɗan naɗin sarauta ta bayan katanga, alhali mu masu boko mun yi shekaru muna jinsa ba mu gane ba.

Bari in ɗan bayyana irin makaɗan da suka yi shi, don ba irin namu ba ne. Turawa na kiran taronsu okestira. Ni in aka ce in fassara sai in ce gayyar makaɗa. Kamar yadda ake kiran gayya a gona kowa ya zo da fartanyarsa a jeru a kunya ɗaya, haka su ma mutum gommai ke zama a jere, kowa da abin kiɗansa. Akwai masu goge ƙanana da manya, wani gogen ma sai an kafa shi a ƙasa don girma. Akwai masu sarewa, akwai masu begila da sauran ƙahonnin tagulla, akwai masu wasu manyan ganguna masu gindin ƙwarya da suka yi kama da tamburanmu. Kowa da takarda a gabansa, don su rubuta kiɗa suke yi kamar yadda muke rubuta wasiƙa. A gabansu kuma mutum guda ne a tsaye da ɗan siririn sanda, shi ne madugu, da hannunsa yake cewa wane ka shigo, wane ka sassauta. Gayyar da ta ɗauki wannan take ita ce Royal Philharmonic ta Landan, masu rera waƙar kuma ƙungiyar Academy of St Martin in the Fields.

To yanzu mu zo kan kiɗan kansa. Zan fara da yabo, don wanda ya iya a ce ya iya.

Duka-duka tsawonsa minti uku ne ko kusa da haka, wanda ake sakawa a fili kafin wasa ma bai kai minti guda ba. Amma ki duba aikin da aka yi cikin wannan ɗan lokaci. Masu goge ne ke buɗewa, suna maimaita 'yar gajeriyar gaɓa guda, daga ƙasa zuwa sama, daga ƙasa zuwa sama, kamar mai hawan tsani. Ba sa sauri ba sa nawa. Duk sanda kika zaci an iso, sai su ƙara taki ɗaya. Wannan jan rai shi ne sirrin kiɗan gaba ɗaya. Mu marubuta mun san dabarar, ita ce ta sa muke tsayar da littafi na ɗaya daidai inda amarya ta ɗaga labule, mu ce a nemi na biyu. Sai an ja ran mai sauraro ya kai maƙura, sannan begila da manyan ganguna su faɗo tare da muryoyin maza da mata a lokaci guda. A nan ne tsigar jiki ke tashi. Wallahi ni da ban san dokar ƙwallo ba, ranar da na sa abin ji a kunne na saurare shi ni kaɗai a ɗaki, sai da na ji kamar in miƙe tsaye.

Wani abin yabon kuma shi ne an auna shi daidai da abin da ido ke gani. 'Yan wasa sun jeru, ƙananan yara a gabansu, wasu matasa a tsakiyar fili suna kaɗa wani ƙaton ƙyalle mai zanen ƙwallo da taurari, kyamara na bin fuskoki ɗaya bayan ɗaya. Wani ya runtse ido, wani yana motsa baki, wani ya ɗaga kai sama. Kiɗan na ƙarewa jerin na ƙarewa. Babu ragi babu ƙari. Tela ya auna jikin mai riga sosai.

Sannan ga daɗewa. Waƙoƙi nawa muka yi yayi daga 1992 zuwa yau, muka yi rawarsu a biki, yanzu ko amshinsu ba ma tunawa? Wannan kuwa ya haura shekara talatin yana nan. A 2024, da aka faɗaɗa gasar zuwa kulob 36, an sake ɗaukarsa an ɗan goge masa fuska, amma ba a yi gigin canza shi ba. Shi aka saka wa Finidi George da Nwankwo Kanu lokacin da suka ɗauki kofin da Ajax a 1995, shi aka saka wa Mikel Obi da Chelsea a 2012, shi Ahmed Musa, wanda ya taɓa taka leda a Kano Pillars, ya tsaya a jere ya saurara a rigar CSKA ta Mosko. Abin da ya yi wannan ƙarko ba a raina shi.

Amma yabo ba ya hana faɗin gaskiya. Ina da ƙorafi uku a kan wannan take.

Na farko, rigar aro ce. Ba aron ne laifi ba, makaɗanmu ma suna gadon salo daga iyayen gidansu. Abin dubawa shi ne wa aka ara wa rigar wa. A al'adarmu kayan kiɗa suna da masu su. Kalangu na mahauta ne da 'yan dambe. Dundufa ta maƙera ce. Gangar noma ta manoma ce. Ƙwarya tamu ce mata. Tambari da kakaki kuwa na sarki ne, duk kuɗin attajiri ba a busa masa kakaki a ƙofar gida, ko da ya saye audugar Funtua da masarar Dandume gaba ɗaya. Hikimar ita ce kunne ya riƙa gaya wa zuciya gaskiyar matsayin abin da ke tafe. To ga shi an ɗauko kiɗan da aka gina don ranar da ake ɗora wa mutum nauyin al'umma, an jingina shi ga wasan minti casa'in wanda mako mai zuwa za a sake wani. Kunne na cewa sarki ya fito, ido na ganin samari ashirin da biyu cikin gajeren wando. Shi ya sa yaro zai fito daga gidan kallo yana jin abin da ya gani ya fi ƙarfin wasa, har ya ƙulla gaba da abokinsa na ƙuruciya a kan kulob ɗin da bai san da zamansa a duniya ba. Hausawa sun ce son maso wani ƙoshin wahala. Kiɗan nan yana da hannu wajen kumbura abin ya wuce girmansa.

Na biyu, kuma shi ya fi damuna a matsayina na mai sana'ar kalmomi: waƙar ba ta da ciki. Da harsuna uku aka rera ta, Ingilishi da Faransanci da Jamusanci, harsunan aikin hukumar. In kika ji yadda muryoyin ke tashi sai ki rantse wata babbar magana ake faɗa. Da aka fassara mini sai na riƙe baki. Magana ɗaya ce ake juyawa daga wannan harshe zuwa wancan, cewa waɗannan su ne gwanaye kuma wannan babban taro ne. Shi ke nan. Ba a kira sunan kowa ba. Ba a ambaci garin kowa ba. Ba a ce ɗan wane jikan wane ba. Babu kirari, babu habaici, babu zambo, babu nasiha.

Ki kwatanta da namu. Mu ma muna da kiɗan wasanni tun kafin a san ƙwallo a ƙasar nan. In kaka ta yi aka kai amfani gida, sai a buɗe fagen dambe da kokawa, kowane ɗan wasa da takensa, da ya ji an kaɗa zai fito yana tsuma ko yana bayan rumbu. Marigayi Ɗan Anace da ya yi wa Shago waƙa, sunansa ya kira, ya lissafa mazajen da ya gwabza da su, ya tsokani abokan karawarsa, sannan ya sako zancen mutuwa a tsakiyar yabo, ya tuna wa gwarzonsa da duk mai saurare cewa akwai wadda ba a kayarwa. Shi ya sa har wanda bai taɓa leƙa fagen dambe ba yake samun abin ɗauka a waƙar. Narambaɗa, makaɗin fada ne sukutum, amma da ya waiwayi sukuwa ya yi wa doki waƙa, Dokin Iska Ɗanfilinge, sai da ya ba dokin nan hali da martaba har ya zama kamar mutum, ga shi ana zancensa shekaru bayan doki da mawaƙin duk sun kau. A nan garin namu ma Alhaji Mamman Shata ya zauna shekara da shekaru kafin rasuwarsa a 1999. Kowa ya san in Shata ya kama sunan mutum, ya ba shi rai na biyu. Makaɗinmu yana fage ido da ido da ɗan wasa, in wasa ya juya waƙa ta juya. Taken Turai kuwa, in ban da wasu wasannin ƙarshe da ake gayyato mawaƙa su rera, faifai ne ake dannawa.

Saboda ba ya kiran suna, kowa nasa ne kuma ba na kowa ba ne. Wanda aka saka wa Real Madrid, da ta ɗauki kofin karo na 15 a 2024, shi ake saka wa ƙaramin kulob da ya zo yau gobe a kora shi gida. A wasan ƙarshe na 2025 a birnin Munich, PSG da Inter Milan sun tsaya a jere an kira su duka gwanaye da murya ɗaya. Bayan awa biyu PSG ta lallasa Inter da ci 5 da nema. Me taken ya tanadar wa waɗanda aka lallasa? Babu. Bai san faɗuwa ba, bai san haƙuri ba, bai san tsufa ba. Waƙar da ba ta da abin gaya wa wanda ya faɗi, a ganina rabin waƙa ce, don a duniyar nan masu faɗuwa sun fi masu ɗaukar kofi yawa.

Zan yi wa Britten adalci a nan. Ba kasawa ce ta sa ya yi haka ba, abin da aka saya ke nan. Da ya kira sunan kulob ɗaya, da sauran sun toshe kunne. Rashin sunan ne ya sa ɗan Chelsea na Bakori da ɗan Barcelona na Ƙafur kowa ke jin nasa ne. A kasuwance wannan gwaninta ce. A waƙe kuwa rami ne.

Wannan ya kawo ni ƙorafi na uku. Kowane makaɗi yana da ubangida, kuma in kina son sanin ubangidan ki duba wanda ya ba da doki da riga. Tun da ba ɗan wasa ake yabo ba, ba kulob ba, ba gari ba, to wa ake yabo? Gasar kanta. Hajar da ake sayarwa ita ake wa kirari. Gasa ce da ake raba wa kulob-kulob sama da yuro biliyan 2 a shekara, kuɗin kuma daga gidajen talabijin da masu talla suke fitowa, su kuwa daga aljihun masu kallo, har da naira ɗari-ɗarin da ake karɓa a ƙofar rumfar bayan gidanmu. Ki lura, ba a fili kaɗai ake sa kiɗan ba. Ana sa gutsurensa a farkon shiri da ƙarshensa, ana liƙa shi jikin sunayen kamfanonin da suka ɗauki nauyi, cikinsu akwai na giya, daga 2024 kuma har da na caca. Yaron da tsigar jikinsa ta tashi da kiɗan naɗin sarki, kafin ta kwanta an nuna masa inda zai kai kuɗinsa. Ko a can Turai ba kowa ke rusuna masa ba. Magoya bayan Manchester City sun yi shekaru suna yi masa ihu in an saka, saboda ɓacin ransu da hukumar. Su sun gane taken hukuma ne.

Mu dawo gida. Gasar nan tana kankama ne a watan Satumba, daidai lokacin da masara ta fara shigowa, ta ratsa kaka da sanyi da bazara, ba ta ƙarewa sai ƙarshen Mayu ko farkon Yuni da ruwa ya sauka. Wato ta zauna daram a gurbin da dambe da kokawa da tatsuniya suke zama a da, lokacin da manomi ke da 'yan kuɗi a aljihu da sauƙin aiki. Manyan wasannin kuma ƙarfe takwas ko tara na dare ake take su a agogonmu. Kafin a tashi, a yi musu, a raka juna, sha ɗaya ta gota. A irin wannan zamani da dare ba shi da tabbas a yankinmu, kowace mace ta san yadda ake kwanciya ido biyu ana jiran ƙarar ƙofa. Wata ƙawata ta ce da ni ita ta fi tsoron kiɗan nan a kan sallamar kishiya, don kishiya kwana biyu gare ta a san da ita, wannan kuwa ba ta cefane ba ta girki amma ta fi kowa faɗa a ji. Muka yi dariya, amma dariyar da ciwo a ƙarƙashinta. Na san gidan da kuɗin buhun waken suya ya bi ta wayar yaro a daren Laraba guda, wai ya canki wanda zai ci.

Kada a fahimce ni a karkace. Ban ce kiɗa ne ya hana maigida zama ba, ban kuma ce a rufe gidajen kallo ba. Namijin da ya wuni a gona ko a kan babur yana da haƙƙin ya huta, kuma gara a san yana rumfar kallo da a rasa inda yake. Akwai ma mata da yawa yanzu da ke bin wasan a waya, wasu sun fi mazan sanin 'yan wasa. Ita ma gasar mata ta Turai an yi mata nata take daban a 2021, shekarar da Asisat Oshoala ta ƙasarmu ta ɗauki kofin da Barcelona. Abin da nake cewa shi ne mu san abin da muke ji. In kin san an gina kiɗa ne musamman don ya ja rai ya kumbura zuciya, za ki ji daɗinsa ba tare da ya ja ki da igiya ba, za ki kuma iya zaunar da ɗanki ki warware masa. Ni na gwada da nawa. Na sa masa taken, na sa masa na Handel na asali, sannan na sa masa Ɗan Anace. Na ce ya gaya mini wanne ne ya san sunan wanda yake wa waƙa. Ya yi shiru yana murmushi. Bai daina son kulob ɗinsa ba, ban ma nemi ya daina ba, amma yanzu in kiɗan ya tashi yakan kalle ni ya ce, "Umma, an fara naɗi."

Akwai kuma darasin da ya kamata mu ɗauka daga Turawan nan, ko muna so ko ba ma so. Sun ɗauki kiɗan kakanninsu na kusan shekara ɗari uku, sun kakkaɓe shi, sun biya gwani ya gyara, sun sa duniya duka tana rerawa. Da tsohuwar zuma suka yi magani. Mu fa? Ƙasar nan ta karɓi gasar matasa ta duniya a 1999 da kuma 2009, an buga wasanni a Kano da Kaduna, amma ban taɓa jin yaro a unguwarmu yana rera wani take da ya rage daga can ba. Muna da Katsina United, muna da Kano Pillars, muna da fagagen dambe da ke cika maƙil. Me zai hana masu hali da hukumomin wasanni su kira gayyar makaɗanmu, masu kalangu da goge da kukuma da gurmi da sarewa, a zaunar da su a biya su da daraja, su tsara take wanda zai kira sunayen garuruwanmu da gwarazanmu, ya yabi wanda ya ci ya kuma rarrashi wanda aka kayar? A bar wa sarakuna kakakinsu da tamburansu, abin da ya rage ma ya ishe mu.

Mu mata ma ba a bar mu a baya ba. Marigayiya Barmani Choge, 'yar ƙasar Funtua ce, da ƙwarya da 'yan amshinta kawai ta cika ƙasar Hausa har ta rasu a 2013. Ba ta da madugu mai sanda, ba ta da takardar kiɗa, amma in ta buɗe baki tana yi wa mata faɗan su kama sana'a, kowace mace a wurin sai ta ji da ita ake. Bikin Magaji ba ya hana na Magajiya. Daren da suka tafi nasu naɗin, mu ma mu kunna namu, 'ya'yanmu mata su ji, kada su tashi da zaton cewa kiɗa mai girma sai wanda ya ƙetaro teku.

Hukuncina a taƙaice: taken Gasar Zakarun Turai gwanin aiki ne, ya yi abin da aka biya shi ya yi har ya zarce. A wajen jan rai da tayar da tsigar jiki na ba shi maki cikakke. A wajen magana da hikima kuwa ko ƙafar 'yan amshin Shata bai kama ba.

Da na koma na ba Iya labarin duk abin da na gano, na ce ta yafe mini dariyar da na yi mata, ai kiɗan naɗi ne da gaske. Ta ce, "Ai na gaya miki. To sarkin wane gari ne?" Na ce, "Iya, babu sarki, babu gari, gasa ce kawai ta masu kuɗi." Ta ɗauki masararta ta ci gaba da ɓarewa, ta ce, "To Allah ya kyauta. Je ki duba ko yaran nan sun rufe wa awaki ƙofa."

'Yar'uwa, Talata mai zuwa in kin jiyo shi ta taga, ki ɗan tsaya ki saurara da kunnen basira, sannan ki auna maganata. In na yi daidai ki gaya wa maƙwabciyarki, in na yi kuskure ki yi mini uzuri. Sai mun haɗu a rubutu na gaba.